Hisabin Mai Koyon Sana'a

Akwai wata al'ada da ta yaɗu tsakanin samari da 'yan matan da ke koyon sana'a a kwalejojin kimiyya da fasaha na ƙasar nan, wadda kakanninmu da suka koyi ƙira ko jima ko saƙa a gaban iyayensu ba su san ta ba, watau ɗalibi ya keɓe shafin ƙarshe na littafinsa, ko wani lungu a cikin wayarsa, ya jera darussan da yake ɗauka, ya rubuta makin da ya ci a gwaji da aikin gida da aikin hannu, ya tara, ya raba, sa'an nan ya ƙudurta a ransa cewa kafin zango mai zuwa ya ƙare sai adadin nan ya tashi daga kaza zuwa kaza. Mutanen kirki sun saɓa a kan wannan al'ada. Waɗansu suna ganin alama ce ta himma da hankali. Waɗansu kuwa, kuma a cikinsu akwai ma'abota ilmi da tsoron Allah waɗanda ba a raina maganarsu, suna ganin ƙofa ce ta riya da dogon buri, suna cewa wanda ya ɗaure zuciyarsa ga adadi ya kusa mancewa da Wanda ya ba shi hannu da basira, kuma wanda ya yanke wa gobe abin da za ta haifa ya shiga hurumin da ba nasa ba. Mas'alar ta cancanci a zauna mata, domin ta wuce kan ɗalibi, ta shafi duk wanda zai kwana a ɗakin da ɗalibin nan zai ja wa wuta, da duk wanda zai shiga motar da zai gyara wa birki.

Kafin a yi wa abu hukunci wajibi ne a san siffarsa, kamar yadda malamai suka koyar. Hukumar da ke kula da ilmin fasaha a Nijeriya, wadda aka fi sani da NBTE, an kafa ta a 1977, mazauninta Kaduna, kuma ita ce ke tsara manhajar da kwalejojin nan ke bi. Ƙaramar difiloma shekara biyu ce, zango huɗu ke nan. Babbar difiloma ma shekara biyu, a tsakaninsu kuma akan bukaci ɗalibi ya yi shekara guda yana aiki a masana'anta ko ma'aikata. Kowane darasi yana da nauyinsa, sai a auna makin da ɗalibi ya ci da wannan nauyi, a haɗa na dukan darussa, a fitar da matsakaici wanda ƙololuwarsa 4.00. Wanda ya kai 3.50 ya fita da darajar da ɗalibai ke kira distinshin, daga 3.00 ofa kiredit, daga 2.50 lowa kiredit, daga 2.00 kuwa fas. Kuma galiban ba a buɗe wa mutum ƙofar babbar difiloma kai tsaye sai ya kai lowa kiredit. Ban da waɗannan akwai 'yan makarantun sana'a masu zama jarrabawar NABTEB, hukumar da aka kafa a 1992, da masu gwajin sana'a na ma'aikatar ƙwadago, wanda ake hawa daga daraja ta uku zuwa ta ɗaya. Saboda haka yaron da ke zaune da dare yana tarawa yana rabawa ba shagala yake yi ba. Ratar da ke tsakanin 2.49 da 2.50 tana iya raba shi da ci gaban karatu, kuma ɗan talakan da mahaifinsa ya sayar da amfanin gona ya biya masa kuɗin makaranta yana da haƙƙi, bal ma wajibi ne a kansa, ya san inda yake tsaye.

To, shin ƙidaya irin wannan baƙuwa ce a addininmu? Lalle ba baƙuwa ba ce. An ruwaito daga Sayyidina Umar, Allah ya yarda da shi, cewa ya yi wa mutane horo da su yi wa kawunansu hisabi tun kafin a yi musu, kuma a kan wannan horo malaman tarbiyya suka gina wani fanni sukutum, tun daga Harisu al-Muhasibi, wanda ya rasu a Bagadaza a 243 bayan Hijira, har zuwa Imamu Gazali, wanda ya rasu a 505. A cikin Ihya'u Ulumiddini, Gazali ya keɓe littafi guda ga muraƙaba da muhasaba, inda ya kamanta hankali da ɗan kasuwa, rai kuwa da abokin tarayyarsa wanda ba a amince masa ba sai da sa ido: da safe a gindaya masa sharaɗi, da rana a yi ta lura da shi, da dare a zauna a buɗe littafi a ga uwar kuɗi da riba da hasara, in an sami tawaya a hora shi, a ƙara masa aiki, a yi masa faɗa. Farillai su ne uwar kuɗi a wannan lissafi, nafiloli riba, saɓo kuwa hasara. Duk wanda ya karanta wannan babi sa'an nan ya dubi shafin ƙarshe na littafin ɗalibinmu zai gane danginsa, domin ga sharaɗi, ga lura, ga lissafi, ga kuma gyara.

Ko a sha'anin karatu kansa magabata ba su ƙyamaci adadi ba. Zarnuji, mai littafin Ta'alimul Muta'allimi da aka daɗe ana karantawa a zaurukan malamanmu, ya shawarci ɗalibi ya yanka wa kansa adadin tilawa, ya maimaita karatun jiya sau biyar, na shekaranjiya sau huɗu, haka haka har ya sauka kan ɗaya. Makarantar allo ma tana da matakanta sanannu, daga kolo zuwa titibiri zuwa gardi, har mutum ya kai alaramma ko gwani, kuma ba wanda ya taɓa cewa almajirin da ya san izu nawa ya rage masa ya sauke ya yi riya saboda wannan sani.

Amma a nan ne ya kamata a dakata, domin masu inkari suna da gaskiya a wani wuri, kuma wurin yana da muhimmanci. In ka duba sharaɗin da Gazali ke gindaya wa rai za ka tarar dukansa a kan aikin gaɓoɓi yake, abin da ido zai kalla, abin da harshe zai faɗa, inda ƙafa za ta je. In ka duba adadin Zarnuji za ka tarar adadin maimaitawa ne, wanda ɗalibi ke da ikon cikawa yau kafin ya kwanta. Babu ɗayansu da ya ce wa ɗalibi ya yanke wa kansa sakamako. Shi kuwa maki sakamako ne, yana wucewa ta hannun mai tsara tambaya da mai dubawa, ta lafiyar jiki ranar jarrabawa, ta wutar lantarkin da za ta tsaya ko ta ɗauke a ɗakin aikin hannu, ta abubuwa masu yawa waɗanda bawa ba ya mallakar ko ɗaya daga cikinsu. Suratul Kahfi ta hana mutum ya yanke cewa zai aikata abu gobe ba tare da ya jingina shi ga mashi'ar Allah ba, alhali wannan aikinsa ne na kansa; to, ina ga abin da yake hannun waninsa? Wanda ya rubuta cewa sai ya ci 3.50 ko ta halin ƙaƙa ya ɗora wa zuciyarsa bashin da ba ita ke da ikon biya ba, kuma zuciya in aka matsa mata a kan abin da ba ta iyawa, ɗayan biyu takan yi, ko ta karaya ko ta nemi hanyar bayan gida. Daga nan satar amsa take tsirowa, da neman malami a keɓe, da hassadar da ke kama mutum a gaban allon da ake manna sakamako, sa'ad da idonsa ya bar layinsa ya koma layin abokinsa. Wanda kuwa ya rubuta cewa, in Allah ya so, kullum bayan la'asar zai zana taswirar wayoyin gida guda da hannunsa, ko zai yanka hannun riga ya haɗa har ya daina tattarewa a kafaɗa, ya ɗaure raƙuminsa kamar yadda Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya umarci wani mai raƙumi da ya tambaye shi, sa'an nan ya dogara. Adadin da ake so yana da amfani a matsayin alƙiblar tafiya, yana nuna yawan aikin da ake bukata. Alkawarin da za a ɗaukar wa rai kuwa a kan aikin ya kamata ya tsaya.

Wannan duka ya shafi kowane ɗalibi, na likitanci ko na shari'a ko na tarihi. Akwai kuma wani abu da ya keɓanta da mai koyon sana'a, shi ne ya fi damuna, kuma ban cika jin masu yabon al'adar ko masu kushe ta suna ambatonsa ba.

Matsakaicin maki, bisa ga yadda aka gina shi, yana yafiya. Darasin da ka yi ƙarfi a cikinsa yana rufa wa wanda ka yi rauni asiri. Ɗalibin lantarki da ya ci maki mai yawa a lissafi da Turanci da darasin kasuwanci, ya tsallake aikin hannu da ƙyar, yana iya fita da ofa kiredit, takardarsa tana sheƙi, babu wata alama a fuskarta da ke nuna cewa bai taɓa gane dalilin wayar da ke kai wutar da ta ɓalle cikin ƙasa ba, ko cewa yakan sa siririyar waya inda ake bukatar mai kauri. A tsarin da aka saba, maki 40 cikin 100 ya isa a ce mutum ya ci darasi. Wannan rangwame ne da makaranta ke yi, kuma tana da uzuri, domin ba za a riƙe dubban yara har abada ba. Sai dai sana'a ita ba ta san rangwamen nan ba. Siririyar wayar za ta yi zafi a cikin bango har ta kama silin, ba za ta tambayi abin da mai ita ya ci a Turanci ba. Waldar da ta yi kyau a ido alhali ba ta ci ƙarfe ba za ta saki ranar da aka ɗora mata kaya. Birkin da aka bar iska a cikin mansa ba ya kama kashi arba'in ya bar sittin; a gangare, da mutane cike da mota, ko ya kama ko kuwa a yi salati. Makaranta tana haɗa darussa ta raba, aiki kuwa yana kama mutum ne daidai wurin da ya fi rauni.

Ibnu Haldun, a cikin Muƙaddimarsa, ya bayyana sana'a da cewa malaka ce, watau siffa tabbatacciya da ke zaunawa a cikin mutum saboda maimaita aiki sau bayan sau har surarsa ta kafu, kuma ya ce gwargwadon kyawun koyarwa da gwanintar malami haka gwanintar ɗalibi za ta kasance. In haka ne, abin da ake nema a shekarun nan biyu ko huɗu yana zaune ne a cikin yatsu da ido da kunne, a cikin bakaniken da zai ji ƙarar inji ya san inda ciwon yake, da telar da za ta dubi mutum ta san inda yadi zai ja. Maki labari ne da wani ya bayar game da wannan malaka, a rana kaza, a kan tambaya kaza. Labarin yana iya zama gaskiya, sau da yawa ma gaskiya ne, amma wanda ya shagala da gyaran labari ya bar abin da ake ba da labarinsa ya yi hasarar uwar kuɗi yana murnar riba.

Abin da ya sa na ɗauki wannan a matsayin mas'alar addini shi ne cewa sana'o'in nan ba ganin dama ba ne a shari'a. Gazali ya lissafa noma da saƙa da ɗinki, har da ƙaho, a cikin farillan kifaya, waɗanda in gari ya rasa mai yin su dukan mutanensa sun shiga laifi. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, a cikin Usulus Siyasa da ya rubuta wa Umaru Dallaji na Katsina, ya sanya kula da masu sana'a, irin su manoma da maƙera da maɗinka da marina da masassaƙa, a cikin abin da ya hau kan shugaba. To, wanda ya shiga makarantar sana'a ya miƙa wuyansa ne ya ɗauke wa jama'a farilla, kuma takardar da zai fita da ita magana ce da makaranta ke yi wa mutanen da ba su da ikon gwada shi, tana ce musu ku amince. Tsohuwar da ta kira shi ya ja mata wuta ba ta san kaurin waya ba. Ta dogara ga takardar, ko ga sunan makarantar, ko ga kalmar injiniya da yaran unguwa ke kiransa da ita. Hadisin nan sananne na mai sayar da hatsi, wanda ya bar jiƙaƙƙe a ƙasa ya ɗora busasshe a sama, har Manzon Allah ya sa hannu ya ji danshi ya kuma barrantar da al'ummarsa daga mai algus, bai tsaya a kan hatsi ba. Ɗalibin da ya san akwai danshi a ƙarƙashin makinsa, ya yi shiru ya karɓi takarda ya fita kasuwa da ita, yana bukatar ya tsaya ya tambayi kansa a wane gefen hadisin yake. Haka kuma wanda aka tura koyon aiki a ƙarƙashin shirin asusun horar da ma'aikata, asusun da aka kafa a 1971 yake kuma da mazauni a Jos, ya cika littafin aikinsa da ayyukan da bai taɓa ba, ya kai wa mai kula ya sa hannu: mutum biyu ke nan suka yi tarayya a shaidar da ba su gani ba.

Kada a fahimce ni da cewa ina kukan zamanin da. Gaskiya ne yaron da ke koyo a Panteka ta Kaduna, ko a karofin Ƙofar Mata a Kano, ba shi da matsakaicin da zai ɓuya a bayansa, domin idon maigidansa yana kan hannunsa, kuma ba a yaye shi sai an ga aikinsa. Amma wannan hanya tana da nata zalunci, wanda duk mai adalci ya sani: yaro yana iya shekara da shekaru yana shara da aike da wankin sifana, ba shi da ma'aunin da zai nuna ya ce na iya kaza, saura kaza, kuma ranar yayensa tana hannun mutumin da ke cin moriyar zamansa. Rubutaccen maki, da dukan aibinsa, ya 'yanta ɗan koyo daga wannan, ya ba marayan da ba shi da kowa hujjar da zai riƙe. Ni'ima ce, kuma ana gode wa ni'ima ta hanyar sanin iyakarta.

Abin da nake gani, Allah kuwa shi ne mafi sani, shi ne mai koyon sana'a ya riƙe littafi biyu. Na farko shi ne wanda yake riƙe da shi yanzu, na maki, ya kiyaye shi da gaskiya, kada ya ƙara wa kansa ko ɗigo, ya duba shi tun farkon zango domin ba a fafe gora ranar tafiya. Na biyu kuwa ba wanda zai nema a wurinsa, ba ya shiga takarda, kuma shi ya fi wuyar rubutawa, domin a cikinsa zai jera abubuwan da hannunsa bai iya ba tukuna, ko da ya ci su a jarrabawa: haɗin da yakan kauce wa in an raba aiki, na'urar da ya taɓa gani a hoto kawai, lissafin da ya haddace bai san dalilinsa ba. A wannan littafi babu tarawa babu rabawa, kowane layi yana nan tsaye da kansa har ranar da za a soke shi, kuma ba a soke shi sai an yi aikin a gaban wanda ya iya ya ce ya yi. An ruwaito cewa Allah yana son in ɗayanmu ya yi aiki ya kyautata shi matuƙa, kuma ihsani, kamar yadda hadisin Jibrilu ya fassara shi, ya ginu ne a kan sanin cewa ana ganinka ko da kai ba ka gani. Wayar da ke cikin bango, da ɗinkin da ke cikin shafi, da rodin da kankare ya rufe, duka ayyuka ne da mai biyan kuɗi ba zai taɓa gani ba, kuma rabin sana'a a irin waɗannan wurare take.

Saura mutum guda da ban so in bari ba, shi ne wanda littafinsa na farko ya ba shi labari mai ɗaci. A ɗauka ɗalibi ya gama shekarar farko ta ƙaramar difiloma da 2.60, kuma nauyin darussan shekara ta biyu daidai yake da na ta farko. In yana son ya fita da 3.00 sai ya ci 3.40 a abin da ya rage, abu mai wuya amma mai yiwuwa. In kuwa 3.50 yake so, lissafi zai ce masa sai ya ci 4.40, alhali ƙololuwa 4.00 ce, watau ƙofar distinshin ta rufe tun yana tsakiyar tafiya, ko da zai cinye kowane darasi. Yara da yawa a nan suke sakin jiki, su ce tun da abin da suke so ya wuce, sauran duk ɗaya ne. Malamai sun rarrabe tsakanin yarda da abin da aka hukunta, wanda ya riga ya auku ba ya komowa, da sakaci da abin da aka ɗora wa bawa, wanda har yanzu yana gabansa. Na farko ibada ne, na biyu kuwa laifi, kuma Shaiɗan yakan sa wa na biyu rigar na farko. Shekarar da ta wuce ta shiga hukunci, sai istigfari a kan abin da aka yi sakaci da haƙuri a kan abin da ya fi ƙarfi. Amma zango biyu suna nan, da watannin koyon aiki, da ɗakin aikin hannu da yakan zama fayau bayan an tashi, da malamin da zai yi murna in wani ya tsaya ya ce a sake nuna masa. Yaron nan yana iya sa 3.00 a gabansa ya rarraba aikin da take bukata a kan makonni, kuma ko ya same ta ko ya tsaya a lowa kiredit, babu wani lissafi a cikin dokokin hukumar NBTE da ya hana shi fita a matsayin wanda ya fi kowa a ajinsu iya haɗa allon rarraba wuta.